Warƙar da Ta Ƙi Dawowa Daga Gozaki

Ku ajiye mini alƙaluman nan ku matso. Jiya bayan La'asar na ji ɗayanku a ƙofar masallaci yana cewa wai sana'ar Malam Yahuza hutu ce: mutum ya sami inuwa, ya miƙe ƙafa, ya dubi wannan takarda ya zuba a waccan, a kawo masa damin dawa har gida. Na gane muryar, amma ba zan kama suna ba. Tunda iyayenku sun turo ku wurina ku koyi kwafar littattafai, gara ku ji irin hutun da ke cikinta tun kafin ku fara ɓata mini takarda.

Aikin farko da malamina, Malam Hamidu, ya ba ni nan cikin Maska ba rubutu ba ne. Jaka ya miƙo mini, ya ce in je in tsinto bagaruwa. Na kawo, ya zazzage a tabarma, ya ware rabi ya watsar, wai ba su bushe ba. Na koma. Daga nan ya tura ni wurin maƙera in roƙo kashin ƙarfe. A jiƙa, a dafa, a tace da tsumma, a zuba ƙaro. Ƙaron nan in ya yi yawa, tawada ta yi ƙyalli, damina na zuwa takardu su manne da juna. In ya yi kaɗan, ta bazu a takarda kamar an zubar da romo. Damina ta wuce, rani ya wuce, ina gindin tukunya. Hannuwana suka yi baƙi ƙirin, har mutane suna tambayar uwata ko na koma rini.

Wata rana na gaji, na ce masa, "Allah gafarta Malam, me ya hana mu yi da tawadar gawayi, irin ta allo? Ai ta fi sauƙi."

Bai ɗago kai ba. Ya ce, "Su wa ke sayen littattafanmu?"

Na ce, "Masu makoki."

Ya ce, "To, mai makoki a kan takarda yake kuka. Tawadar gawayi ɗigo ɗaya ya faɗa mata, layi ya tafi. Ta bagaruwa kuwa cizon takarda take yi. Koma ka duba wutarka."

Shi Malam Hamidu ba ya rubuta Alƙur'ani na sayarwa, ya bar wa waɗanda suka ƙware a wannan. Rabonsa, wanda ya zama rabona, shi ne ƙananan littattafan da ake nema in an yi rashi: hukuncin wanka da likkafani da sallar gawa, waƙoƙin wa'azi masu tuna kabari, marsiyyar da ake yi wa malamai in sun rasu, da littafin ta'aziyya. Kuma ku sani, mai neman Alƙur'ani yakan yi haƙuri shekara guda, yana zuwa yana dubawa, yana sa albarka. Mai makoki kuwa da jajayen idanu yake zuwa, kuma kafin sadakar bakwai yake so. Ba ya jin "sai tawada ta bushe." Ba ya jin "akwai wanda ya riga ka." Kai kuma ba ka da bakin yi masa tsawa, domin jiya ya binne uwarsa.

Ga alƙalami. Kuna ganin kara ne kawai, ko? Gamba ce, amma ba kowace ba. Sai wadda ta ƙosa ta bushe a tsaye bayan ɗaukewar ruwa. A fiƙe ta da aska, a tsaga bakin kaɗan. Tsagar ta wuce, ya yi ta amai. Ta gaza, ya yi ta kartar takarda ba ya zubar da komai. Takardar kuwa ba a gonar kowa take tsirowa ba. A bayan raƙumi take ƙetaro hamada ta sauka Kano, fatake su kawo mana nan in sun zo sayen tufa. Ku ɗaga ta ga rana, in kun ga jinjirin wata uku a cikinta, ta kirki ce. Ba allo ba ce da za ka wanke ka sake. Abin da ka ɗora mata ya zauna, har da wautarka.

Akwai wani aiki da ba na mantawa, na wani mai fataucin kanwa daga Dandume. Ubansa ya rasu, ya zo da sassafe da jakinsa, ya ce ya ji ana rera wata marsiyya a gidan wani malami, ta sa shi hawaye, ita yake so. Na ce to. Ya ce amma duk inda sunan malamin yake, in cire in sa na ubansa.

Na ce, "Marigayin malami ne?"

Ya ce, "A'a, kanwa yake sayarwa, kamar ni."

Na ce, "Bawan Allah, waƙar nan cewa take yi mamacin kogin nahawu ne, ɗalibai sun zama marayu, littattafai suna kuka. Mahaifinka ya yi karatu?"

Ya ce, "Ya kai Sabbi. Amma wa zai sani? Da Larabci fa take."

Na ce masa ni na sani, kuma sunan ubansa ya fi na malamin tsawo, in na cusa shi baitin zai karye, duk mai rerawa sai ya yi tuntuɓe a wurin. Ya ce ai sai in matse sunan. In matse sunan! Muka yi ta ja har rana ta take. Ƙarshe na tambaye shi abin da tsohon ya yi a duniya ban da kanwa. Ashe ya haƙa rijiya a bakin hanya, matafiya suna sha har yanzu. Na kwafa masa waƙar wa'azi, a ƙarshenta na rubuta sunan tsohon, da rijiyar, da addu'a. Ya juya takardun, ya auna su a tafin hannu kamar kanwa, ya ce, "Ta malamin ta fi kauri." Haka ya tafi, ko sannu da aiki babu.

Irin su ne abokan cinikinku. Akwai mai son jar tawada a kowane layi don makwabcinsa ya gani. Akwai wanda zai zauna a kanka yana ba ka labarin jinyar marigayi tun daga ciwon kai, kana rubutu, in ka tsallake layi kuma laifinka ne. Duk wannan mai sauƙi ne. Bari in gaya muku shekarar agana.

Kafin shekarar, Malam Hamidu ya riga mu gidan gaskiya, ya bar mini gafakarsa. A cikin abin da ke cikinta akwai wani littafin ta'aziyya da ya tattara hadisai da labaran magabata a kan haƙurin wanda ya rasa ɗa. Da hannunsa ya rubuta shi, rubutu kamar an jera ƙwayar gero. Shi muke kira uwa, wato wanda ake duba a kwafa. Masu saye babin farko kawai suke nema saboda tsadar takarda, saboda haka cikakkensa, iyakar sanina, guda ɗaya ne a ƙasar nan, shi ne wanda ke hannuna.

Agana ta fara daga ƙauyuka bayan girbi, kafin bazara ta shigo cikin ganuwa. Yara ta fi ɗauka. Ta kai ga masu haƙa kabari ba sa komawa gida cin abinci, sai a kai musu can. A gidana ma an fitar da gawa, amma ba wannan na zaunar da ku in faɗa ba. Abin da ya shafi sana'a shi ne, mahara daga arewa sun tsare hanya, fatake kuma da ma ba mai son shiga garin da ake ciwo. Takarda ta yanke. Na yi ta yanke gefen tsofaffin takardu ina rubuta wa mutane addu'a a kai, har su ma suka ƙare. Ban taɓa ganin shekarar da aka nemi aikina kamar ta ba, kuma ban taɓa zama hannu rabbana kamar ta ba.

Ana cikin haka sai ga Tanko marini, mai ramuka a karofin gabas, mutum mai wadata, mai yawan jama'a. 'Ya'yansa maza suka bi juna cikin mako guda. Ya durƙusa a zauren nan, ya ce in kwafa masa littafin. Na nuna masa gafakar takarda, wayam. Ya ce to in ara masa uwar, liman ya karanta wa masu zaman makoki, ya dawo da ita.

Uwa ba ta fita zaure, wannan doka ce tun ta Malam Hamidu. Amma ku dubi mutumin da ke gabana. Na ce, "Tanko, ka ga littattafanmu ba ɗinke suke ba. Warƙa-warƙa ne, a tsakanin fata biyu, a ɗaure da tsirkiya. Iska ma tana iya raba su. Ba mai kwance shi sai liman. Kuma ka wanke hannunka, kada in ga shuni a jikinsa."

Ya ce, "Wallahi, Malam, kamar idona."

Bayan sadakar bakwai ya dawo da shi. Tun daga yadda tsirkiyar ta yi sako-sako na san an taɓa shi. Na kwance. Abin da ya rage bai kai rabi ba, shi ma ga tambarin babban yatsa shuɗi a kusurwa.

Na ce, "Tanko, ina sauran?"

Ya sunkuyar da kai. "Malam, mutane sun zo gaisuwa daga ko'ina, kuma kowa da nasa rashin. Liman yana karantawa yana fassarawa, mata suna ji daga cikin gida. Da aka tashi, wata ta aiko a ba ta warƙa guda ta kai ɗakinta. In ka ba ta farko, da wane ido za ka hana ta biyu?"

Na ce, "Littafi ne fa, ba goron sadaka ba!"

Ya ce, "Ai duk maganar Annabi ce, Malam. Kowace warƙa da albarkarta."

Na sa shi ya zauna ya tuno mini duk wanda aka ba, shi da matansa, na rataya gafaka da kurtun tawada, na shiga bin gidaje.

Wannan ne hutun da kuke magana. Gidan da aka yi rashi ba a shiga a ce "ba ni takardata." Sai ka yi sallama, ka zauna, ka yi ta'aziyya, ka yi addu'a, a kawo ruwa, sannan ka lallaɓo da maganar kamar mai roƙo. Na sami wata warƙa a soke cikin jinka bisa ƙofa, hayaƙi ya mai da ita ja. Na sami wata an riga an kai wa baduku ya ɗinke ta laya, an rataya wa yaron da ya rage. Sai da na rubuta musu wata addu'a a madadinta a ɗan guntun takardar da aka samo da ƙyar, na tsaya a kan baduku yana farke ɗinkin, ina roƙonsa kada basillarsa ta huda rubutun. Ta huda. A wani gida kuwa, nan bayan kasuwa, tsohuwar ta ce mini, "Ayya, Malam, ai mun sha." Sun yi ta wanke ta, tawadar ta ƙi fita, ni da na san irin dahuwar da aka yi mata. Sai suka jiƙa takardar ɗungurungum har ta narke, suka dama a koko. Rubutun Malam Hamidu a koko! Cikon wannan warƙar sai bayan shekaru na same shi wurin wani malami a Zariya, shi ma sai da na yi ta jeka-ka-dawo.

In na dawo zaure sai in baje abin da na samo. Kun ga kalmar nan guda da muke rubutawa ita kaɗai a gindin kowace warƙa? Ita ce kalmar farko ta warƙar da ke biye. Da ita na yi ta haɗa su, wannan na kiran waccan. Da na gama, ban da wadda aka sha, saura guda ɗaya. Tanko ya ce tana wurin ƙanwarsa Hajo, mai aure a Gozaki.

Gozaki ba nan kusa ba ce, sai an kwana a hanya, ga damina ta fara sauka, ga tsoron mahara. Na bi wasu masu kai shuni, muka isa. Mijin Hajo manomin auduga ne, mutum mai sanyin magana. A zaure ya gaya mini abin da Tanko bai sani ba. Ita Hajo ba don kanta ta karɓi warƙar ba, wata makwabciyarta da ta rasa jariri ta yi niyyar kawo wa. Ta dawo daga gaisuwar 'ya'yan wanta, ta tarar ciwon ya shiga ɗakinta. Kafin watan ya ƙare ba ta da ɗa ko guda.

Mijin ya shiga ya kira ta. Ta zo ta tsaya a ƙofar zaure ta ciki, da wani ɗan zanen goyo a naɗe a hannunta. Na yi mata ta'aziyya, ta amsa. Na kawo maganar a hankali.

Ta ce, "Tana nan, Malam. Amma ba zan bayar ba."

Na ce, "Baiwar Allah, ba ta wanki ba ce da zai ba ki. Ta malamina ce, kuma in babu ita littafin ya zama gurgu. In takarda ta zo, ni da kaina zan rubuto miki sabuwa, mai jar tawada."

Ta ce, "Ba na son sabuwa."

Mijin ya sa baki, "Hajo, mutumin nan daga Maska ya tako."

Ta ce, "Na ga ƙafarsa."

Na yi wa'azi, na yi lallashi, na kawo hukuncin aro da amana. Kamar da bango nake yi. Raina ya ɓaci ƙwarai, amma a gidan wa zan ɗaga murya? Ƙarshe na ce wa mijin ya aro mini allo mafi girma a garin. Na ce mata, "To, ba ni in kwafa a gabanki, in mayar miki."

Ta ce, "Ina riƙe, kana dubawa."

Haka aka yi. Ta kwance zanen goyon, ta fito da warƙar, ta durƙusa a bakin ƙofa ta riƙe ta da hannu biyu. Ni kuma ina daga nesa kaɗan, allo a cinya, ina miƙa wuya kamar zalɓe. Takardar ba ta tsayawa wuri guda, layi yana guje mini. Sau nawa na ce, "Ɗaga babban yatsanki, ya rufe kalma." Ta ɗaga wannan, ta rufe da wancan. Ga hasken zauren kaɗan ne, ga kaji suna ratsawa ta kan kurtuna. Aikin da zan gama kafin hantsi ya kai ni Azahar. Ban taɓa kwafa mai wahala irin ta ba.

Da na kai layin ƙarshe na fara goge alƙalami, sai ta ce, "Malam, me ke gaba?"

Na ce, "Gaba da me?"

Mijin ya yi mini bayani. Limaminsu ciwon ya tafi da shi. Wani baƙo mai ɗan karatu da ya kwana a garin shi ya karanta mata warƙar ya fassara. A ƙarshenta an kawo hadisin nan na yaran da suka mutu suna ƙanana, da za a ce musu ranar ƙiyama su shiga Aljanna, su tsaya a ƙofa su ce ba za su shiga ba, sai... Nan takardar ta ƙare. Baƙon ya ce mata iyakar abin da ke rubuce ke nan, ya ɗauki sandarsa ya wuce.

Warƙar da ke biye tana cikin gafakata. Na fito da ita, na karanta Larabcin, na fassara mata: sai iyayensu sun shiga. Sannan a ce musu su shiga, su da iyayen nasu.

Ta ce, "Na san haka ne. Mata sun gaya mini, maigidana ma ya gaya mini. Amma takardar ba ta faɗa ba." Ta dubi warƙar da ke hannunta, ita da ba ta san ko alif ba. "Wa ya yanke maganar a nan?"

Na ce, "Malamina. Nan takarda ta ƙare masa."

Ta ce, "To, bai kyauta ba."

Mijin ya ce, "Subhanallahi, Hajo!" Ni kuwa har kunnena ya yi zafi. Malam Hamidu, wanda ba a yi mai hannu irin nasa ba tsakanin nan da Katsina, wai bai kyauta ba! Ina neman abin da zan mayar mata, sai ta miƙo hannu ta ɗora warƙar a kan allon da ke cinyata. Sai lokacin ta sake ta.

Ta ce, "Rubuta mini sauran a nan ƙasa."

Ban taɓa ɗora alƙalamina a takardar malamina ba, ko ɗigo. Wurin da ya rage a gindin warƙar bai fi faɗin yatsa biyu ba. Na sake fiƙe alƙalami ya yi siriri, na matse cikon hadisin a wurin, na hura har ya bushe, na miƙa mata. Ta sa na nuna mata da yatsa inda nawa ya fara da inda ya ƙare. Ta naɗe ta cikin zanen goyon, ta koma cikin gida. Na ɗauko allon mutane na taho da shi Maska a ƙarƙashin riga, ina kare shi daga ruwan sama da jikina, sai da takarda ta zo bayan kaka na juye shi, na aika musu da allonsu.

Shi ya sa in kun buɗe uwar nan za ku ga, ban da cikon wadda aka sha, warƙa guda da hannuna a tsakiyar na Malam Hamidu. Tasa tana Gozaki. Kuma duk kwafin littafin nan da na yi tun daga ranar, sai na auna layukana tun daga nesa, don hadisin nan ya faɗo a fuska guda, farkonsa da ƙarshensa. In lissafin ya ƙi, nakan bar sauran shafin fari in fara shi a sabo. Ranar da kuka kai wurin, haka za ku yi. Kada wani mai wayo a cikinku ya cike mini farin nan wai yana tattalin takarda. Na fi ku sanin tsadarta.